Tambaya da Amsa: Yadda Ake Dakatar da Tantance Fayilolin XML da HTML a Manhajar Rubuta Shiri

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne mai koyon rubuta manhaja da harshen Java, kuma da manhajar rubuta shiri ta Eclipse nake aiki. Duk lokacin da na buɗe aikina ko na adana wani fayil, sai in ga a ƙasan allo ana nuna cewa ana tantance fayilolin XML, kwamfutar ta yi nauyi, wani lokaci ma ta tsaya cak na wasu mintuna, musamman idan intanet ba ta da ƙarfi. Bayan haka sai jajayen alamomi su fito a jikin fayiloli irin su web.xml da pom.xml, alhali idan na tayar da manhajar tana aiki lafiya ƙalau. Ina roƙon a nuna mini yadda zan kashe wannan bincike gaba ɗaya. Na gode.
Daga wani ɗalibi a Zariya

AMSA: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam, abin da ka nema yana yiwuwa, kuma ba zai ɗauke ka minti biyu ba. Zan faɗa maka hanyar, amma ina so ka karanta har ƙarshe kafin ka taɓa komai, domin a ganina kashe binciken baki ɗaya ba shi ne abin da ya fi dacewa da kai ba.

A Windows ko Linux, ka shiga Window, ka zaɓi Preferences, sannan ka danna Validation a jerin da ke hannun hagu. A kwamfutar Mac kuwa, saitin yana ƙarƙashin sunan Eclipse ɗin kansa a saman allo. Za ka tarar da akwati mai suna Suspend all validators, wanda idan ka sa masa alama ka danna Apply, duk masu tantancewar za su tsaya. Wannan ita ce amsar tambayarka kai tsaye. Sai dai a ƙasan akwatin akwai jadawali mai ɗauke da sunayen masu tantancewar ɗaya bayan ɗaya, kamar XML Validator da XML Schema Validator da DTD Validator da HTML Syntax Validator da na JSP, kuma kowanne yana da akwati biyu a gabansa, Manual da Build. Na Build shi ne ke sa a yi binciken kai tsaye duk lokacin da Eclipse ya sake gina aikinka, kuma da yake Build Automatically a kunne yake tun asali, hakan na faruwa ne duk sanda ka adana fayil. Na Manual kuwa ba ya motsi sai ka nema da kanka, wato ka danna fayil ko aikin gaba ɗaya da maɓallin dama na linzami ka zaɓi Validate. Shawarata ita ce ka cire alamar Build daga XML Validator da XML Schema Validator da DTD Validator, ka bar ta Manual yadda take. Da haka nauyin da ke damun ka zai tafi, amma ikon bincikar fayil yana hannunka duk ranar da ka buƙace shi.

Dalilin da ya sa nake nacewa a kan wannan shi ne, bincike iri biyu ake yi wa fayil ɗin XML, wato fayil mai tsara bayanai cikin alamomin da ake buɗewa a rufe, kuma nauyinsu ba ɗaya ba ne. Na farko yana duba ko ginin fayil ɗin ya tsaya daidai: duk alamar da aka buɗe an rufe ta, ba a sarƙe wata cikin wata ba bisa tsari ba, an sa ƙimar kowace sifa tsakanin alamun zance, kuma tushen fayil ɗin guda ɗaya ne. Tun da ƙungiyar W3C, mai tsara ƙa'idojin shafukan intanet, ta fitar da ƙa'idar XML a watan Fabrairun 1998 aka tsaurara wannan, aka ce duk manhajar da ke karanta XML, idan ta ci karo da irin wannan kuskure, kada ta ci gaba da aiki kamar babu abin da ya faru. Saboda haka alama ɗaya da ka manta ba ka rufe ba a cikin web.xml ta isa ta hana Tomcat, sabar da ake ɗora manhajojin Java na intanet a kanta, tayar da manhajarka. Wannan binciken ba shi da nauyi, ba ya bukatar intanet, kuma babu wata riba a rasa shi. Na biyun shi ne kwatanta fayil ɗin da wani kundin ƙa'ida, DTD ko XSD, wanda ke fayyace irin alamomin da aka yarda da su da jerin da za su bi. A nan matsalarka take, domin adireshin wannan kundin a saman fayil ɗinka yake rubuce, kuma idan Eclipse ba shi da kwafinsa sai ya fita intanet nemansa. Idan layin ya yi rauni, sai ya zauna jira har wa'adin haɗin ya cika. Idan kuma kundin da ya samo yana kiran wasu kundayen, kamar yadda XSD da yawa suke yi, sai ya bi su ɗaya bayan ɗaya, kai kuma kana zaune kana kallon allo.

Wannan yawon neman kundaye ba masu amfani kaɗai ya dama ba. A shekarar 2008 ma'aikatan W3C sun fito sun koka cewa sabobinsu na karɓar buƙatu har miliyan 130 a rana guda daga manhajoji masu neman DTD da makamantansu, fayilolin da suka shekara ba a canza musu ko harafi ba, har ta kai su ga toshe wasu masu yawan neman. Maganin da ya dace tun wancan lokaci shi ne ajiye kwafi a gida, kuma Eclipse yana da wurin yin hakan. A cikin Preferences ka buɗe XML, ka shiga XML Catalog, ka danna Add, ka nuna masa inda ka ajiye fayil ɗin XSD a kwamfutarka, sannan ka rubuta adireshin da fayilolinka suke kira a gurbin Key. Daga nan duk lokacin da aka nemi wancan adireshin, kwafin da ke kwamfutarka za a ɗauko. Ga mai aiki da datar da yake saye da kuɗinsa, wannan ya fi kashe binciken amfani, domin sau ɗaya za ka sauke kundin. Akwai kuma ma'ajiyar wucin gadi a ƙarƙashin General, Network Connections, Cache. Idan intanet ta yanke ana cikin sauke wani kundi, gurɓataccen kwafi kan maƙale a can, sai Eclipse ya riƙa ba ka saƙon da ke farawa da Referenced file contains errors. Share abin da ke cikin ma'ajiyar yakan warware wannan nan take.

Ka ce manhajarka tana aiki duk da jajayen alamomin, kuma wannan ba abin mamaki ba ne. Tomcat, a saitinsa na asali, ba ya kwatanta web.xml da XSD ɗinsa, yana karanta abin da ya gane ne ya wuce. To amma wannan sassaucin yana da hatsarinsa, domin alamar da ka rubuta sunanta ba daidai ba za a iya tsallake ta, ka wayi gari wani saiti da kake zaton yana aiki ashe bai taɓa aiki ba. Spring kuwa, wato wani tsari da ake gina manhajojin Java a kansa, yana tantance fayilolinsa na XML a lokacin tashi, sai dai shi yana ɗauko kundayen daga cikin fayilolin jar ɗinsa ne, ta hanyar wani jeri mai suna spring.schemas, shi ya sa yake tashi ko babu intanet alhali Eclipse yana can yana neman kundin a waje. Wani abin da ke haifar da ja a web.xml shi ne gauraya adireshi. Fayilolin da suka daɗe suna kiran java.sun.com, na zamanin Java EE 7 suna kiran xmlns.jcp.org, sannan daga Jakarta EE 9, wanda ya fito a 2020, aka koma jakarta.ee. Ɗalibi kan kwafi saman fayil daga wani tsohon darasi, ya haɗa shi da lambar sigar da ba tasa ba, sai mai tantancewa ya yi ƙorafi, kuma a wannan halin gaskiya yake faɗa.

Game da pom.xml, ka duba kafin ka ɗora wa mai tantance XML laifi. Ka buɗe tagar Problems, ka kalli ginshiƙin Type. Idan an rubuta XML Problem, to daga wurinsa ne. Idan kuwa sunan Maven ka gani, wato manhajar da ke karanta pom.xml domin gina aikin, to kashe tantancewa ba zai taɓa alamar ba, abin da ake bukata shi ne ka danna aikin da maɓallin dama, ka zaɓi Maven sannan Update Project. A sababbin sigogin Eclipse kuma za ka iya ganin Language Servers a wannan ginshiƙi, alamar cewa ƙorafin ya fito ne daga wani edita na daban, wanda saitinsa ke ƙarƙashin sashen XML na Wild Web Developer, ba a shafin Validation ba. Shi ne ke ba da saƙon Downloading external resources is disabled, domin an hana shi sauke kundaye daga waje saboda tsaro sai mai kwamfuta ya ba da izini.

Sau da yawa ma fayilolin da ke cinye lokacin ba naka ba ne. Jakar target da Maven ke cikawa, da node_modules idan aikin ya haɗa da JavaScript, suna iya ɗaukar dubban fayilolin da ba kai ka rubuta ba kuma ba za ka gyara ba. A jadawalin nan na Validation, ka danna maɓalli mai ɗigo uku a gurbin Settings na mai tantancewar, ka ƙara Exclude Group, ka sa masa ƙa'ida da sunan jakar. A ayyuka da dama wannan kaɗai ya wadatar, har ba sai an cire alamar Build ba.

Abu uku suka rage. Bayan ka canza saitin, tsofaffin alamomin ba sa ɓacewa da kansu, sai ka shiga Project ka zaɓi Clean, ko ka goge su daga tagar Problems. Sannan jan layin da ke bayyana a ƙarƙashin rubutu kana cikin bugawa yana da nasa makunnin daban, mai suna Report problems as you type, a ƙarƙashin General, Editors, Structured Text Editors, kuma shi ina ba ka shawara ka bar shi a kunne, domin shi ne zai kama maka alamar da ba a rufe ba tun kafin ka adana. Idan aikin na haɗin gwiwa ne da abokan karatunka, ka sani cewa saitin da ka yi ta Properties na aikin, bayan ka zaɓi Enable project specific settings, ana rubuta shi ne a cikin jakar .settings, don haka idan ka tura jakar ta Git, manhajar da ake adana aiki da raba shi tsakanin abokan aiki, kowa zai gaji abin da ka kashe ba tare da ya sani ba. Ya kamata ku yi magana kafin ka tura.

TAMBAYA: Malam, barka da aiki. Ni da Visual Studio Code nake gina shafukan intanet ta amfani da Django, tsarin gina shafuka na harshen Python. A cikin fayilolin HTML ɗina, duk inda na sa alamomin Django a cikin script ko style sai jan layi ya fito, ko da yake shafin yana buɗewa daidai. Yaya zan yi in kawar da shi?
Daga wata mai karatu a Maraɗi

AMSA: Barka kadai, Malama. Naki ya fi sauƙi. Visual Studio Code ba ya tantance alamomin HTML ɗin kansu, abin da yake bincika shi ne JavaScript da CSS da aka saka a cikin shafin. Da ya ci karo da baka biyu masu lanƙwasa na Django a tsakiyar CSS, sai ya ɗauke su kuskure, domin bai san cewa sabar za ta maye gurbinsu da ƙima kafin shafin ya isa burauza ba. Ki danna Ctrl tare da waƙafi domin buɗe Settings, ki nemi html.validate.scripts da html.validate.styles, ki cire musu alama. Ki yi haka a ɓangaren Workspace, ba a User ba, domin canjin ya tsaya a wannan aikin kaɗai cikin fayil ɗin settings.json na jakar .vscode, sauran ayyukanki su ci gaba da samun binciken.

Hanyar da na fi so ita ce ki sanar da editan cewa waɗannan fayilolin samfuri ne na Django, ba HTML zalla ba. Ki saka ƙarin manhajar da ta san Django, sannan ki yi amfani da saitin files.associations ki danganta jakar samfuran da ita. Haka kuma, gwargwadon yadda kika fitar da JavaScript da CSS zuwa fayilolinsu na daban, gwargwadon yadda matsalar za ta ragu, kuma a can binciken zai yi miki aiki yadda ya kamata. Tun da burauza tana haɗiye kurakuran HTML ba tare da ta ce komai ba, buɗewar shafi ba hujja ba ce cewa ginin ya yi daidai. Kafin ki miƙa aiki, ki buɗe shafin a burauza, ki kwafi HTML ɗin da sabar ta fitar, ki liƙa shi a validator.w3.org, domin a wannan matakin alamomin Django sun riga sun narke, duk kuskuren da aka nuna miki na gaske ne.