Tambaya da Amsa: A ina zan koyi fasa manhaja ba tare da na kwana bayan kanta ba?

Jama'a assalamu alaikum, barkanmu da sake haɗuwa. Satin nan saƙonni sun taru sosai, masu tambayar waya mai shan caji da masu matsalar POS ku yi min haƙuri zan zo kanku sati mai zuwa in Allah ya kai mu, yau dai guda huɗu na tsinto don duk hanya ɗaya suka bi.

TAMBAYA: Salam Injiniya, ya aiki. Ni ɗalibi ne ina karatun kwamfuta. Wlh ina son harkar tsaron kwamfuta, musamman wagga ta fasa bainari da 'yan CTF ka rubutawa pwn. Na kalli bidiyo kala-kala amma ban san inda zan gwada ba, kuma tsoro nikai kar in taɓa abin mutane a kama ni. Mi za ni yi? Daga wani ɗalibi, Ƙaura Namoda.

AMSA: Ƙanena wannan tsoron naka shi ya fi burge ni a duk saƙon, ka riƙe shi da kyau. Kafin in ba ka wurare bari in yi wa sauran masu karatu bayani don kar mu bar su a baya. CTF gasa ce ta fasa manhajar da aka gina da gangan don a gwada. Bainari ita ce manhaja bayan an gama haɗa ta ta koma harshen da inji ke ji, ba rubutun da mutum ya yi da hannunsa ba. Fasa ta kuma shi ne ka gano kuskuren da mai rubutun ya yi wurin sarrafa memori, ka bi ta nan ka sa ta aikata abin da ba a gina ta don shi ba. Misalin da kowa ke farawa da shi shi ne cika ta batse. Manhaja ta ware wuri ɗan ƙarami ta ce rubuto sunanka, amma ba ta ƙirga yawan abin da ka rubuto, kamar mai awo ya ajiye mudu kusa da tiren wani yana ta zuba gero bai duba ba, in mudu ya cika ina sauran zai tafi in ba tiren maƙwabci ba? To a cikin memori maƙwabcin nan shi ne adireshin komawa, wato inda manhajar ta rubuta wa kanta cewa in na gama wannan aikin can zan koma. Duk wanda ya iya rubutu a kan adireshin nan shi ke riƙe da linzami. Shi ya sa za ka ga 'yan harkar suna zuba harafin A da yawa, in manhaja ta faɗi suka ga 0x41414141 ya fito sai murna, don 41 ita ce lambar A a lissafin heks, alamar geronsu ya isa tiren ke nan.

Abin ya tsufa fa. Tun 1988 tsutsar Morris, wata manhaja mai yaɗa kanta daga kwamfuta zuwa kwamfuta, ta bi ta irin wannan ƙofar ta rikita kwamfutoci a Amurka, kuma wanda ya sake ta, Robert Morris, ɗalibin jami'a ne kamarka, sai da kotu ta same shi da laifi. A 1996 Aleph One ya rubuta bayanin dabarar dalla-dalla a mujallar Phrack fitowa ta 49, har yau ana karanta shi. Aikin gets na C, harshen rubuta manhaja, da ke jawo wannan ɓarnar sai a 2011 aka cire shi daga ƙa'idar harshen gaba ɗaya.

Yanzu wuraren gwaji. Duk waɗanda zan faɗa masu su ne da kansu suka gina su da ramuka suka ce ku zo ku fasa, kuma kyauta ne. Amma don Allah kar ka yi tsalle. Fara da Bandit na OverTheWire, babu fasa bainari a ciki ko kaɗan, Linux kawai zai koya maka, yadda ake shiga wata kwamfuta daga nesa da ssh, neman fayil, karanta abin da aka ɓoye, kowane mataki ka samo kalmar sirrin na gaba. Yara da yawa suna raina shi su wuce, bayan sati biyu sai ka gan su sun dawo suna tambayar yadda ake canza izinin fayil. In ka gama sai Leviathan, sannan Narnia, a nan ne za a fara ba ka rubutun C da kuskure a ciki a ce ka nemo shi.

Wanda ni dai na fi yarda da shi, in da za a ce in zaɓi ɗaya tak, pwn.college ne na jami'ar Arizona State. Darasin da suke koya wa ɗalibansu ne suka buɗe wa duniya, da bidiyon laccar da ɗaruruwan atisaye, kuma a burauza suke ba ka kwamfutar da za ka yi aikin ba sai ka girka komai ba. Suna raba bel kamar na 'yan karate in ka kammala rukuni. Ba ya wasa da mutum, akwai atisayen da zai riƙe ka kwana uku kana kallon silin, amma jerin da suka bi mai kyau ne, daga Linux zuwa asembili, wato harshen inji a rubuce yadda mutum zai iya karantawa, zuwa kurakuran memori. Sai picoCTF na jami'ar Carnegie Mellon da aka fara a 2013 don 'yan sakandare, ya fi sauƙi, tsofaffin tambayoyinsu na nan a picoGym kullum. Akwai Phoenix na exploit.education, magajin Protostar, wannan sauke shi ake yi. Akwai pwnable.kr da pwnable.tw, na biyun ka bar shi tukuna, zai karya maka gwiwa a banza. Microcorruption ma na da daɗi, makullin ƙofa na lantarki ake ba ka ka buɗe a burauza.

Wata rana za ka ga dabarar da ta yi maka aiki jiya yau ta ƙi, kar ka zaci kanka ne ya toshe, kariya ce aka kunna. Akwai kanari, wata lamba da ake sakawa kafin adireshin komawa, in ka taka ta manhaja ta kashe kanta, sunan daga tsuntsun da masu haƙar kwal ke shiga rami da shi ne don ya nuna musu iska ta ɓaci. Akwai NX da ke hana gudanar da abin da ka zuba, akwai ASLR da ke sauya adireshi duk lokacin da aka kunna manhaja. Nan ne ROP Emporium zai yi maka rana, atisaye 8 ne kacal, suna koya maka ɗinka guntayen umarnin da ke cikin manhajar da kanta har su yi maka aiki. Na farko, ret2win, wuri mai cin bayit 32 ne ake bari a zuba masa 56. Bayit nawa za ka cika kafin ka taɓa adireshin? Ba zan faɗa ba, buɗe gdb, manhajar da ake leƙa cikin wata manhaja da ita tana aiki, ka nemo. Kayan aikinka gdb ɗin nan ne da pwndbg ko GEF a kansa, da pwntools na Python, da checksec don ganin kariyar da aka kunna, sai Ghidra mai mayar da bainari rubutun da mutum zai gane, wadda hukumar NSA ta Amurka ta saki kyauta a 2019. Kuma ka koyi C. Na maimaita, ka koyi C, wanda bai san fointa ba, wato abin da ke riƙe adireshin wani wuri a memori, yana harkar nan kamar mai son dambe ne bai iya naɗe hannu ba.

TAMBAYA: Yaya laftof ɗina tsohuwa ce RAM 4, ga wuta sai a hankali ga data ta yi tsada. Zan iya ko in haƙura? Daga wata ɗaliba, Birnin Kebbi.

AMSA: Ƙanwata kar ki haƙura, RAM 4 ya isa. Harkar nan baƙin allo ne da rubutu, ba gem ba ce. Ki sa Ubuntu, wani nau'in Linux ne, ko in Windows 10 gare ki ki kunna WSL da ke ba ki Linux a cikin Windows. Abin da ke cinye data bidiyo ne, ssh kuwa rubutu kawai yake aikawa, ko a waya da manhajar Termux za ki iya yin Bandit kina zaune a tsakar gida. Fayilolin ROP Emporium 'yan ƙanana ne, ki sauke su duka rana ɗaya da Phoenix in kin samu waifai, shi ke nan ko babu sabis aikinki na tafiya. Mu da muka ga 2021 a Zamfara lokacin da aka rufe layukan waya ba sai an yi mana wa'azin ajiye abu a kwamfuta ba. Ghidra ce kawai za ta ɗan wahalar da injin don tana da nauyi, ki rufe burauza kafin ki buɗe ta, ko ki yi maneji da objdump, ƙaramin kayan aiki mai nuna umarnin da ke cikin bainari, tukuna.

TAMBAYA: Malam ina ganin na gano rami a fotal ɗin makarantarmu, ina son in gwada in tabbatar sannan in gaya musu, ai taimako ne ko? Kuma wani abokina na ta roƙona in buɗe mai WhatsApp ɗin budurwarshi. Daga wani, Gusau.

AMSA: A'a da a'a. Na biyun ma ba sai mun ɓata tawada ba, bin diddigin sirrin mutane ne, addini ya hana doka ta hana, ka ce wa abokinka ya je ya tambaye ta da bakinsa.

Na farkon ne ke rudar yara masu kyakkyawar niyya. Nijeriya na da dokar laifukan intanet ta 2015 wadda aka yi wa gyara a 2024, shiga kwamfutar wani ba da izini ba na cikin abin da ta hana, akwai tara akwai ɗauri. Ranar da aka ga sawunka a rajistar sabar ba wanda zai buɗe zuciyarka ya ga taimako ka zo yi, abin da za a gani lambar na'urarka ce da lokacin da ka shiga, kuma in da wani ya taɓa canza maki a fotal ɗin ko bara ne, kai za a ɗora wa. In a cikin amfani na yau da kullum ka lura da abin, tsaya nan, kar ka ƙara taki ɗaya, je ka sami malamin da ka yarda da shi ka gaya masa abin da ka gani. In suna son a gwada su ba ka izini a rubuce da sa hannu, da iyakar abin da aka yarda ka taɓa. Izinin baki ba ya tsayawa gaban alƙali.

Ka dubi Argungu mana. Kifi na nan a Matan Fada duk shekara, masunta sun san yana nan, amma ba mai jefa koma sai ranar da aka ba da alama, ranar kuwa dubban mutane ke faɗawa ruwa kuma wanda ya kamo mafi girma kyauta ake ba shi a gaban sarki. Gasar CTF haka take, ana buɗewa a lokaci kaza a rufe a lokaci kaza, ka fasa ka ciro tuta, wato rubutun sirrin da aka ɓoye a ciki, a ba ka maki, jadawalinsu na nan a CTFtime kusan kowane ƙarshen mako akwai wata. Kamfanoni ma na buɗe nasu ruwan ta HackerOne da Bugcrowd su biya wanda ya kawo musu rami, amma ko can sai ka karanta iyakar da suka shata, in ka tsallake ta ka koma mai laifi.

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Ni ɗan kasuwa ne, yarona kullum yana ɗaki da kwamfuta, allo baƙi da rubutu kore, yana cewa kutse yake koyo na halal. Ni hankalina bai kwanta ba kar ya zama cikin 'yan Yahoo. Akwai kutse na halal? Daga wani uba, Jega.

AMSA: Wa alaikumus salam Baba, Allah ya ƙara girma. Akwai, kuma sana'a ce, bankuna da kamfanonin waya na ɗaukar irinsu su nemo ɓaraka kafin ɓarawo ya gano ta, kamar ku kira makeri ya duba muku kwadon shago. Akwai ma gasar Pwn2Own da ake yi tun 2007, inda ake biyan mutane kuɗi masu yawa in sun fasa burauza ko waya a gaban masu ita don a gyara. Ɗan Yahoo kuwa mafi yawanci bai san wannan ilimin ba ma, yaudara ce jarinsa, hira da mutane da sunan ƙarya.

Amma ba zan ce muku ku saki jiki haka kawai ba, don ban san yaron ba. Ku zauna kusa da shi ku ce ya nuna muku sunan wurin da yake atisaye, in ya ambaci irin waɗanda na lissafa a sama ya nuna muku makinsa da matakin da ya kai, alama ce mai kyau, mai koyo na gaskiya ma zumuɗi yake a tambaye shi, sai kun gaji da bayani. Abin da zai sa ku tsaya ku bincika shi ne kuɗi na shigo masa ba ku san daga ina ba, ko layukan waya barkatai, ko yana aron asusun banki na ƙannensa da abokai, ko ya rufe allo da sauri in kun shigo. Mai koyon fasa bainari a shekararsa ta farko ba ya samun ko sisi Baba, sai ma ya riƙa roƙonku kuɗin data da na cajin laftof a shago.

Mai tambaya kan wayar da ke zafi in tana caji daga Talata Mafara, da ke zan fara sati mai zuwa, kafin nan dai ki daina kwana da ita ƙarƙashin filo.