An rushe kamfanin motocin gwamnati, wa zai biya haƙƙin maigidana?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Barista. Maigidana direba ne a kamfanin motocin haya na gwamnatin jiharmu, shekara 19 yana jan bas, rana ɗaya aka ce an rushe kamfanin, akai gwanjon motocin, tashar ma yanzu shaguna ne. Yana binsu albashin wata 11, giratuti kuwa ko sisi. Yaje ma'aikatar sufuri sunce shi ba ma'aikacinsu bane, yaje hukumar fansho sunce babu fayil ɗinsa. Yanzu hawan jini ya kwantar dashi, takardunsa na cikin wata baƙar leda ƙarƙashin katifa kullum sai ya jawo ya duba. Dan Allah wa zamu kama? Ko shikenan kuɗin sun bi ruwa tunda kamfanin ya mutu? Daga wata baiwar Allah.

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah Ya ba maigida lafiya. Kuɗin basu bi ruwa ba. Rushe kamfani baya goge bashin dake kansa, sai dai bashin ya koma wuyan wani, kuma aikinku yanzu shine gano wuyan wa ya koma.

Abin ya danganta da yadda aka kafa kamfanin tun farko. In majalisar dokokin jiha ce ta kafa shi da doka, toh da doka ko sanarwar gwamnati ake rushe shi, kuma galibi a ƙarshen irin wannan dokar akwai sashen da yake faɗin inda kadarori da basussuka suka koma, ko ma'aikatar sufuri ko sabuwar hukumar da ta gaje shi. Wannan takardar ita ce makaminku. Ku nemi kwafinta a majalisa ko ma'aikatar shari'a, domin wanda ya karɓi tashar da kuɗin gwanjon motocin bai isa yace shi nama kawai ya gada banda ƙashi ba. In kuma rijista akai masa a CAC, hukumar rijistar kamfanoni, kamar sauran kamfanoni, gwamnati mai hannun jari ce kawai, nan ne lamarin yake ɗan tauri, don zasu ce kamfani daban gwamnati daban. Amma ko a hakan dokar kamfanoni ta 2020, sashe na 657, ta sa albashin ma'aikata da kuɗin fanshon da aka cire musu cikin basussukan da ake fara biya kafin sauran masu bin bashin da basu riƙe da jingina. Wanda aka naɗa ya tattara dukiyar kamfanin ya saida ita, shi ake kaiwa takardar neman haƙƙi.

Duba takardar ɗaukarsa aiki da kyau. In an rubuta aikin mai fansho ne, sashe na 210 na tsarin mulkin 1999 ya hana a riƙe fansho ko giratutin ma'aikacin jiha ko a sauya shi ta yadda zai cutu. Shi yasa maganar "ba ma'aikacinmu bane" bata cika tsorata ni ba, wlh sau tari magana ce ta korar mutum daga ofis kawai, ku ce su rubuta muku ita a takarda su sa hannu ku gani.

Bazan ɓoye miki ba, abin yana cin lokaci. Kin tuna Nigeria Airways, kamfanin jiragen saman gwamnatin tarayya? Jiragen sun daina tashi a 2003, aka rushe kamfanin a 2004, ma'aikata dubbai suka koma gida hannu rabbana. A 2018 gwamnatin Buhari ta saki naira biliyan 22.68, rabin biliyan 45 da aka amince ana binta, bayan an tantance su ɗaya bayan ɗaya. Da yawa sun rasu kafin ranar, iyalansu ne suka je layin tantancewa, abin da har yau yake min ciwo in na tuna. Amma ki lura da abu biyu. Gwamnati ce ta biya a ƙarshe duk da kamfani ne mai rijistarsa, kuma abinda ya kai su ga haka shine basu watse ba, ƙungiyoyinsu sukai ta bin maganar shekara da shekaru.

Toh kuma ku haka zaku yi. Maigida ya nemo abokan aikinsa, direbobi da kwandastoci da makanikai da masu yankan tikiti, su haɗa sunaye da abinda kowa yake bi. Su rubuta wasiƙa ɗaya zuwa kwamishinan sufuri, kwafi ga shugaban ma'aikata da antoni janar na jiha, a buga musu hatimin karɓa a nasu kwafin, kar su yarda da "ku ajiye a nan zamu duba". Su kai ƙorafi hukumar karɓar koke-koken jama'a, tana da ofis a kowace jiha kuma kyauta ne. In shiru tayi yawa sai kotun ma'aikata ta ƙasa, ita kaɗai sashe na 254C na tsarin mulki ya baiwa hurumin irin wannan shari'ar, kuma lauya ya haɗa gwamnatin jiha da antoni janar cikin waɗanda ake ƙara, kar a tsaya kan kamfanin da babu shi. Kar ku yi ta jan ƙafa Hajiya, lauyoyin gwamnati abin da suke fara ɗagawa shine an makara da shigar da ƙara.

Wannan ledar kuma a fito da ita yau. Takardar ɗaukar aiki, ta tabbatarwa, ta ƙarin girma, katin shaida, takardun albashi na ƙarshe, da bayanan banki da zasu nuna watan da albashi ya tsaya, a yi musu hoto kwafi uku, ɗaya a ajiye gidan wani ɗan'uwa, a kuma ɗauka a waya. Tunda jikinsa ba ƙwari, ya ba ke ko babban ɗanku izini a rubuce wajen lauya ku dinga zirga-zirgar a madadinsa.