Ma'ajin takardu da kwanakin da hukuma ta soke

Malam, ka tambayi yadda ma'ajin takardu a labarinka zai riƙa adana lokaci a masarautar da ka ƙaga mai ofisoshi barkatai. Kada ka ba shi tsafi tukuna, rajista za ka ba shi. A 1582 Paparoma Giregori ya gyara kalanda, mutane suka kwanta ranar 4 ga Oktoba, suka wayi gari 15 ga wata. Kwana 10 sun tafi da umarni ɗaya. Ingila ba ta bi ba sai 1752, ta zubar da kwana 11.

To, jaruminka shi ke ajiye irin waɗannan kwanakin, kowanne a fayil ɗinsa. Da ni ne, sai in sa gara ta cinye ɗaya, mu ga wa za a tuhuma.