Kafin Ka Kwashe Kuɗin Kwari Ka Gina Zauren Biki

Wani ɗan kasuwa daga Kantin Kwari ya aiko da tambaya, ga ta a taƙaice: "Na daɗe ina sayar da atamfa da shadda da leshi. Ina da fili a bakin gari da naira miliyan 90 a hannu. Kullum ina ganin zaurukan biki a cike, ranar Asabar ba ka samun wuri sai ka kama tun da wata biyu. Ina so in ciwo bashin miliyan 60 a banki in haɗa, in gina zaure mai cin mutum 500, ƙanena ya riƙa kula da shi. Me ka gani?"

Alhaji, Allah ya ƙara buɗi. Harkar taro da biki harka ce mai kuɗi, wannan ba a musu. Amma shawarata ita ce kada ka gina yanzu, kuma kada ka gina da bashin banki. Ga dalili.

Abin da ka gani ranar Asabar gaskiya ne, sai dai Asabar 52 ce kacal a shekara. Ka je wajen zauren nan ranar Talata da hantsi, za ka tarar da maigadi shi kaɗai a ƙofa. A shagonka, turmin atamfar da ba a saya yau ba yana nan a kan kanta, gobe ko jibi a saye shi, wani lokacin ma da ƙarin kuɗi. Mai zaure kuwa rana yake sayarwa, kuma ranar da ta wuce ba a kama ba ta tafi ke nan, ba ta shiga sito. Duk lissafin wannan sana'a a kan wannan yake tsaye, shi ya sa tambayar farko ba nawa ginin zai ci ba ce. Tambayar ita ce, rana nawa za ka iya sayarwa a shekara?

Mu ƙirga tare. Bikin Kano daga Alhamis zuwa Lahadi yake yawo, kamu da yini da dina da walima, amma ranakun da ake rububi su ne Juma'a da yamma da Asabar da Lahadi. A Rajab da Sha'aban aure yana yawa saboda kowa yana so amarya ta tare kafin azumi. Da watan Ramadan ya kama, kasuwa ta kwanta, sai ɗan taron shan ruwa nan da can. Bayan ƙaramar Sallah ta farfaɗo, bayan babbar Sallah haka, sai kuma Disamba lokacin da 'yan uwa na nesa suke samun hutu. A Yuli akwai bikin yaye ɗalibai na makarantun kuɗi, saukar Alƙur'ani kuma tana zuwa jefi-jefi. Tsakanin waɗannan lokuta akwai makonni masu shiru, kuma a lokacin rububin ma rana ɗaya ba ta ɗaukar fiye da taro biyu, shi ma sai kana da ma'aikatan da za su share su sake jera kujeru cikin awa biyu.

Mu ƙaddara, a matsayin misali kawai, ka samu taro 60 a shekarar farko, kowanne a kan naira 700,000. Miliyan 42 ke nan. Kafin ka yi murna, dubi bashin. Bayan Babban Bankin Najeriya ya ɗaga ma'aunin ruwansa zuwa kashi 27.5 cikin ɗari a ƙarshen 2024, ruwan bashin bankunan kasuwanci ya riƙa yawo a kusa da kashi 30. Kashi 30 na miliyan 60 shi ne miliyan 18 a shekara, ruwa kaɗai, ba a taɓa uwar kuɗi ba. Kuma banki ba ya jira ka gama gini. Yana fara ƙirga tun ranar da kuɗin ya shiga asusunka, alhali zauren ba zai kawo ko kwabo ba sai bayan shekara guda ko fiye. Ban ma shiga maganar riba ta fuskar addini ba, ka fi ni sanin inda za ka tambaya. In har sai an nemi kuɗin waje, bankunan da ba sa harkar ruwa irin su Jaiz da TAJ da Lotus suna sayen kaya su sayar maka da ƙayyadadden ƙari, ka biya a hankali. Wannan ya dace da sayen janareta ko kujeru, abin da zai fara aiki a makon da aka kawo shi. Su ma ba kyauta suke yi ba, ka zauna ka lissafa ƙarin.

Sai babban abin da ke cinye masu zaure, wato sanyi. A Maris da Afrilu da Mayu zafin Kano yana haura digiri 40, ka tara mutum 500 cikin manyan kaya a ɗaki ɗaya, ga fitilu, ga abinci mai zafi. In na'urorin sanyaya wuri suka gaza na rabin awa, kafin a tashi hoton jama'a suna fifita da katin gayyata ya zagaya TikTok, kuma uwar amarya ba za ta manta ba. A Afrilun 2024 aka ɗaga kuɗin wutar layin Band A, wato rukunin da ya fi samun wuta, daga wajen naira 68 zuwa 225 a kan kowane yunit, daga baya aka ɗan sassauta. Ko kana kan wannan layi ba za ka dogara da wutar kamfanin rarraba lantarki na KEDCO ranar biki ba. A Oktoban 2024 yawancin Arewa ta yi sama da mako guda a cikin duhu saboda lalacewar manyan layukan da ke kawo wuta. Dole sai janareta, kuma biyu, ɗaya na aiki ɗaya na jiran ko-ta-kwana. Janareta mai ƙarfin kVA 100 yana shan lita 15 zuwa 20 na dizal a awa idan an ɗora masa kaya sosai. Tun awa biyu ko uku kafin baƙi su iso ake kunna sanyi, ga masu ado da suke aiki tun safe, ga dinar da aka ce ƙarfe bakwai amma amarya ba ta shigo ba sai tara. Awa takwas ke nan cikin sauƙi, lita 120 zuwa 160, a kan farashin da ya daɗe da haura naira dubu. Zaure mai cin 500 kuma da wuya janareta irin wannan ya ishe shi. Sola tana ɗauke fitilu da fankoki da ofis, amma batiran da za su riƙe sanyin babban zaure da daddare kuɗinsu wani jarin ne daban.

Kusan duk kayan cikin zaure daga waje suke zuwa: na'urorin sanyi, lasifika, fitilu, manyan allunan nuna hoto. Dalar da take wajen naira 460 kafin Yunin 2023 ta haura 1,500 a 2024. Duk wanda ya ba ka kiyasin gini na shekaru uku da suka wuce, ka ajiye shi gefe. Ina ma shakkar miliyan 150 ɗin nan za ta kai ka ga buɗe ƙofa, in an haɗa da filin ajiye motoci da banɗakuna masu kyau da wurin alwala da salla da rijiyar burtsatse. Zauren da ba shi da wurin ajiye mota rigima ce da maƙwabta duk mako.

Masu zaure da suka daɗe a harkar sun san cewa biki ne yake kawo suna, amma tarukan tsakiyar mako ne suke biyan albashi: bita, taron ƙara wa juna sani, horas da ma'aikata, taron shekara na ƙungiyoyi, ƙaddamar da kaya. A nan ne kasuwa ta fi sauyawa. Tun kullen korona na 2020, lokacin da zauruka suka yi watanni a rufe, hukumomi da kamfanoni suka saba da Zoom. Taron da a da za a kwaso mutum ɗari daga jihohi a kama musu otal, yanzu mutum talatin ne a ɗaki, sauran suna kallo ta waya. Saboda haka ɗaki mai cin 40 zuwa 80, mai intanet da ba ya yankewa da majigi da makirufo mai kyau, ya fi samun aiki ranar Talata fiye da ƙaton zaure. Tun da Starlink, mai ba da intanet ta tauraron ɗan adam, ya shigo Najeriya a 2023 matsalar intanet ɗin ta yi sauƙi ga wanda zai iya biya.

Amma ko a nan kada ka jingina da mutum ɗaya. Ƙungiyoyin agaji su ne suka fi kowa yin bita a Arewa, kuma suna biya a kan kari. Da gwamnatin Amurka ta dakatar da tallafin USAID a Janairun 2025, ayyuka da dama suka tsaya, bitocinsu suka tafi tare da su. Maƙwabtanmu na Yamai sun ga irin wannan da girma: an gina manyan otal irin su Radisson Blu saboda taron ƙolin Tarayyar Afirka na Yulin 2019, birnin ya fara zama masaukin tarukan ƙasa da ƙasa, sai juyin mulkin Yulin 2023 da takunkumin ECOWAS suka zo, baƙin suka janye. Tarukan siyasa kuwa, da za su yi yawa kafin zaɓen 2027, kuɗi ne mai kyau na ɗan lokaci. Ƙa'idarsu ɗaya ce: a biya duka kafin a buɗe ƙofa, da kuɗin ajiya na ɓarna a kai, don kujerun roba ba sa jin daɗin taron jam'iyya. Ma'aikatun gwamnati su ma suna kawo aiki, sai dai ka shirya bin fayil wata da watanni.

Akwai kuma hukuma. Kafin tubali ɗaya sai ka samu amincewar KNUPDA, hukumar tsara birane ta jihar Kano, a kan zanen gini da irin amfanin da za a yi da filin. Filin da aka ba da don gidan zama ba ya zama wurin kasuwanci don mai shi ya ga dama. Kamfanoni da ƙungiyoyi ba za su ba ka aiki ba sai da rajistar hukumar yi wa kamfanoni rajista, CAC, da lambar haraji da asusun banki da sunan kasuwancin. A Kano kuma abin da ake yi a cikin zaure ma ana sa masa ido. A Mayun 2025 Hukumar Tace Fina-finai ta jihar ta sanar da haramta bikin da ake kira Kauyawa Day, Hisba kuma ba ta kau da kai daga casun dare. Idan aka saɓa, masu biki sun watse sun tafi gidajensu, zaurenka ne za a garƙame.

To, ina kuɗin yake? Ka duba biki ɗaya ka ga hannaye nawa yake ciyarwa: mai girki da 'yan aikinta, mai ado, mai hoto da bidiyo, mai kwalliya, mai lalle, tela, mai kiɗa, mai hayar kujeru da rumfuna, mai ƙanƙara, mai kaji, har ɗan adaidaita sahu da ke kwasar 'yan biki. Hayar zaure yanki ɗaya ce a cikin wannan, kuma sau da yawa abinci da ado sun fi ta cin kuɗi, alhali masu su ba su binne miliyan 150 a ƙasa ba. Kai ma, Alhaji, kana cikin harkar tuntuni ba ka lura ba. Wa yake sanin ranar biki tun kafin a buga kati? Wanda aka zo wajensa haɗa lefe da fitar da anko. Wannan sani shi ne abin da masu zaure suke biyan dillalai da masu shirya biki kamasho a kansa, kai kuwa yana shigowa shagonka da ƙafarsa.

Saboda haka ga yadda zan yi da kuɗin in nawa ne. Ba zan taɓa jarin da shago yake juyawa da shi ba. Zan ware abin da bai wuce kashi ɗaya cikin uku na miliyan 90 ɗin ba, in sayi kujeru da tebura masu kyau, rumfuna, kayan sauti, janareta matsakaici da motar ɗaukar kaya, in fara bayar da haya ga masu biki a gida da makarantu da zaurukan wasu. Filin kuma a kewaye shi, a daidaita ƙasa, a shuka ciyawa da itatuwa, a yi banɗakuna da burtsatse. Daga Nuwamba zuwa Fabrairu, lokacin sanyi, taron fili da yamma ba ya bukatar na'urar sanyi ko ɗaya, kuma lokacin ya haɗa da rububin Disamba. Da damina sai babbar rumfa mai jure iska. Idan baje kolin Kano na cibiyar 'yan kasuwa ta KACCIMA ya zo a ƙarshen shekara, masu rumfuna da kujeru da janareta suna samun aiki a can ma. Bayan shekara biyu littafinka zai nuna maka taro nawa ka samu, a wane wata, daga wace unguwa, kuma mutum nawa suka ce da akwai rufaffen wuri da sun kama. Idan lokacin gini ya yi, ka fara da ƙaramin ɗakin bita, babban zaure ya biyo baya da kuɗin da harkar ta haifa.

Maganar ƙanenka. Zumunci abu ne mai kyau, amma wannan sana'a ce ta tsayuwa har ƙarfe ɗaya na dare, da haƙuri da masu biki a ranar da hankalinsu ya fi tashi. In yana so da gaske, ya je ya yi aiki a ƙarƙashin wani mai zaure na wata shida tukuna. Ka yanka masa albashi da kaso a kan kowane taro, kuɗi kuma ya riƙa shiga asusun kasuwanci kai tsaye, ba aljihun kowa ba. Kowace rana da aka kama a rubuta ta a littafi ɗaya tak, don babu abin da ke kashe sunan wuri kamar a ba amare biyu Asabar ɗaya. Kada a riƙe wa kowa rana da baki, ko surukinka ne, sai da kafin alƙalami na rabin kuɗi, sauran kuma a cika mako guda kafin taro. A rubuta a takarda abin da zai faru in an ɗaga biki ko an fasa, da ƙarfe nawa za a kashe janareta, da kuɗin kowace awa da aka ƙara, sannan mai biki ya sa hannu ya karɓi kwafinsa tare da rasit.