Ina ƙasar Krasniya ta fim ɗin Glamorous Night take?

Tambaya: Malam, na kalli wani tsohon fim ɗin Ingila mai waƙe-waƙe, Glamorous Night. Sarki ya kamu da son mawaƙiya, firaministansa ya shirya masa juyin mulki, duk a wata ƙasa wai ita Krasniya. Na duba taswira ban gan ta ba. Ina take? Kuma me ya sa wani lokaci bakin mawaƙiyar ba ya tafiya daidai da waƙar?

Amsa: Ka huta da duba taswira, Krasniya ƙirƙirarta aka yi, kuma da gangan. Labarin na Ivor Novello ne, an fara nuna shi a dandalin Drury Lane da ke Landan a 1935, sannan Brian Desmond Hurst ya mayar da shi fim a 1937. Mary Ellis, wadda ta taɓa waƙa a gidan opera na Metropolitan a New York, ita ta fito a matsayin mawaƙiyar, Militza, a dandalin da kuma fim ɗin, Otto Kruger ya fito sarki.

Ɗaya daga cikin dalilan ɓoye sunan ƙasa a irin waɗannan labarai shi ne tace fina-finai da wasannin dandali. An kafa hukumar tacewa ta Birtaniya a 1912, kuma a 1916 shugabanta T. P. O'Connor ya jera dalilai 43 da za su sa a yanke fim. A ciki har da wulaƙanta kakin sojan sarki da rikicin ma'aikata da masu kamfani. Juyin juya hali kuwa ba a wasa da shi: fim ɗin Rasha Battleship Potemkin an hana shi izini a 1926, bai samu ba sai 1954. Ko Sarauniya Victoria, wadda ta rasu tun 1901, ba a yarda a kwaikwaye ta a dandali ba sai 1937. To mai son nuna talakawa suna ihu a ƙofar fada, ya zai yi? Sai ya ƙago masarauta can wajen gabashin Turai, ya ɗinka wa sojojinta kakin da ba na kowa ba, kuma ya tabbata sarki ya koma kan karagarsa kafin a tashi. A nan 'yan ƙabilar Roma, masu yawo da ake kira Gypsy, dangin Militza, su suka murƙushe masu juyin mulkin. Dabarar ta yi suna ne da Ruritania, ƙasar da Anthony Hope ya ƙirƙiro a littafinsa na 1894.

Masu kallo dai ba yara ba ne. Sun san labarin Sarki Carol na biyu na Romaniya da farkarsa Magda Lupescu, kuma watanni kaɗan kafin fim ɗin ya fito, a Disambar 1936, nasu sarkin Edward na takwas ya ajiye sarauta don ya auri Wallis Simpson. An faɗi magana ba a kama suna ba.

Batun baki kuwa, yawanci laifin kwafin da ka kalla ne. A farkon zuwan sauti, wajen 1929, makaɗa na zama a gefe suna kiɗa kai tsaye, kyamara na kulle cikin akwati don kada makirfo ya ɗauki ƙararta. Zuwa 1937 an saba da hanyar da ka sani a fina-finan Indiya da na Kano: a fara ɗaukar waƙa, a sake ta ta lasifika wajen ɗaukar hoto, jaruma ta bi da baki. Sharaɗin shi ne kyamara da na'urar sauti su gudu daidai, hoto 24 a daƙiƙa.

Ga inda matsala ke shigowa. A fim mai faɗin milimita 35, sautin siririn layi ne a gefen hoton, kuma ana buga shi kusan hoto 20 gaba da hoton da yake nasa, domin a majigi wurin karanta sauti yana ƙasa da tagar haske. Idan fim ya yage aka yanke ɗan yanki aka liƙa, hoto zai yi tsalle a wani lokaci, sauti ya yi nasa a wani. Idan kuma mai kwafa ya ɗauki hoto da sauti daban-daban ya haɗa su a kwamfuta, kuskuren hoto biyu ko uku ya isa ido ya gani. Kwafin da aka ciro daga talabijin na Turai yana gudu da hoto 25, wato saurin ya ƙaru da kashi 4 cikin ɗari, shi ya sa murya ke ɗan sirancewa.

Ka gwada: nemi wurin da aka rufe ƙofa ko aka yi tafi. Idan tazarar ƙara da motsi iri ɗaya ce daga farko har ƙarshe, manhajar VLC za ta gyara maka, maɓallan J da K suna matsar da sauti baya ko gaba da milisakan 50. Idan tazarar ƙaruwa take yi a hankali, saurin biyun ne ya saɓa, sai ka nemi wani kwafin.