Hukuncin Karatun Tarihi da Rubutun Misirawan Dā

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗalibi ne a Alƙahira, kuma na samu gurbin karatu a fannin kayan tarihin Masar ta zamanin Fir'aunoni. Za a koya mana rubutunsu na zane-zane, za a kai mu kaburburansu da ɗakunan bautarsu. Mahaifina ya ce wannan karatun gumaka ne, yana tsoron imanina. Ya halatta in ci gaba? Kuma da gaske ne gawar da ake nunawa ita ce ta Fir'aunan Annabi Musa?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, wannan karatu halal ne, kuma idan niyya ta gyaru har lada za ka samu. Tsoron mahaifinka ma yana da tushe, zan zo kansa.

Allah Maɗaukaki ya umarce mu a wurare da dama, ciki har da aya ta 42 ta Suratur Rum, da mu yi tafiya a bayan ƙasa mu duba yadda ƙarshen mutanen da suka gabata ya kasance. Dubawa kuwa ba ta cika ga wanda bai san abin da yake kallo ba. Babu kuma wata tsohuwar daula da Alƙur'ani ya yawaita ambatonta kamar Masar, daga ƙissar Annabi Yusuf zuwa ta Annabi Musa, amincin Allah ya tabbata a gare su. Game da koyon rubutun waɗanda ba Musulmi ba, Manzon Allah (SAW) da kansa ya sa Zaidu ɗan Sabitu ya koyi rubutun Yahudawa don ya riƙa karanta masa wasiƙunsu. Rubutu makami ne, hukuncinsa yana bin abin da aka yi da shi.

Dubi kuma aikin sahabbai. Amru ɗan Asi ya ci Masar a zamanin Sayyidina Umar, wajen shekarar 641, ya kafa garin Fusɗaɗ, dalolin Giza suna tsaye a ƙetaren Nilu, ba su sa wa kansu aikin rushe su ba. Malaman da suka biyo baya ma rubutu suka yi a kansu. Maƙrizi ya yi dogon bayani a kan dalolin, Abdullaɗif Bagadadi kuma ya siffanta su da idonsa, ya ba da labarin yadda Sarki Al-Aziz Usman, ɗan Salahuddin, ya sa ma'aikata su rushe ƙaramar dalar Giza a 1196. Wata takwas suna fama da igiyoyi da ƙarafa, a yini su ciro dutse ɗaya ko biyu, har suka haƙura. Na taɓa tsayawa a gabanta, gurbin yana nan a jikinta ta arewa kamar tsagar fuska, duwatsun da aka ciro suna zube a ƙasa. Bagadadi bai yaba wannan aiki ba, ni ma ina tare da shi: asarar dukiya ce da ƙarfi.

Abin da yake min ciwo shi ne mun daɗe da barin wannan fage ga wasu. Dutsen da aka tsinta a garin Rashid a 1799, mai rubutu iri uku har da na Girkanci, shi Bafaranshe Champollion ya yi amfani da shi ya warware rubutun Misirawan dā a 1822, dutsen kuma yau yana Landan. Kai Bahaushe ne mai jin Larabci, masana harsuna kuwa sun sa Hausa da Larabci da tsohon harshen Masar a babban dangi ɗaya. Ba baƙo ba ne kai a wurin nan.

To, ga inda mahaifinka ya yi gaskiya. Lokacin da Annabi (SAW) ya biya ta Hijir, kufan Samudawa, ya ce kada a shiga wurin waɗannan da aka yi wa azaba sai ana kuka, kamar yadda Buhari da Muslim suka ruwaito daga Ibn Umar. Malamai sun tattauna ko hanin ya tsaya ga inda azaba ta sauka ne kawai, Fir'auna da rundunarsa kuwa a teku aka halaka su. Duk da haka ladabin ya shafe ka: ka shiga da zuciyar mai ɗaukar izina. Ka karanta addu'o'in da suke yi wa gumakansu Ra da Osiris a matsayin labarin abin da suka yi imani da shi, domin mai ba da labarin kafirci bai zama kafiri ba. Amma ranar da ka fara rataya ƙwaron dutsensu ko idon gunkinsu Horus don neman tsari, ko ka ɗauki rubutun tsafinsu don gwadawa, ka fita daga karatu ka shiga sihiri da shirka, babu saɓani a haramcinsa. Idan kuma ka ji shubuha tana shigarka, ka koma wajen malaman aƙida tun da wuri, ga Azhar a kusa da kai.

Batun tonon kaburbura: a mazhabarmu, Imamu Malik ya karhanta tonon kaburburan jahiliyya don neman dukiya, haka yake a Muhtasar na Halil. Tonon bincike da izinin hukuma yana da sauƙi a kan wannan, tun da an tone kaburburan mushirikai lokacin gina masallacin Madina saboda maslaha. Sharaɗin shi ne kada a wulaƙanta gawa, ɗan Adam ne ko da ya shekara 3,000. Tonon dare da sayar da kayan ga dillalai kuwa haramun ne, dokar Masar ta 1983 ta mai da su mallakar ƙasa, kuma bin shugaba a abin da yake maslaha wajibi ne.

Game da gawar Fir'auna, aya ta 92 ta Suratu Yunus ta tabbatar da cewa an fitar da jikinsa ya zama aya. Amma Alƙur'ani bai faɗi sunansa ba, hadisi ingantacce ma bai faɗa ba. An samu gawar Ramsis na biyu a 1881, ta ɗansa Merneptah a 1898, wasu suka ce wannan ne, wasu suka ce wancan. Hasashe ne duka. Kada ka hau mumbari ka rantse a kai, domin in bincike ya canza gobe, jahili zai ɗauka ayar ce ta faɗi.

Saura mahaifinka. Kada ka yi masa gardama ta waya. Ka karanta masa wannan amsa cikin ladabi, ka nemi wani malami da yake girmamawa ya zauna da shi, ka nemi albarkarsa kafin ka fara. In ya dage bayan duk wannan, karatun nan ba farilla ba ne a kanka, biyayyarsa kuwa farilla ce, sai ka ci gaba da lallashi har Allah ya sassauto da zuciyarsa.

Wallahu a'alam.