Shin ƙaramar na'urar OBD2 mai Bluetooth za ta yi aiki a tsohuwar mota?

Ɗan'uwa, ka ce kana da Toyota Camry ƙirar 1999, ƙaninka kuma yana da Jeep ta 2019, kuna son na'ura ɗaya da za ta duba muku lafiyar duka biyun ta waya.

Ka fara bincikar ƙasar da aka ƙera motarka domin sayarwa a cikinta. Amurka ta wajabta OBD2, wato tsarin da ke ba na'ura damar karanta matsalar mota, tun 1996, to in Camry ɗinka 'yar Amurka ce, leƙa ƙarƙashin sitiyari, za ka ga soket mai ramuka 16. In 'yar Beljiyam ce, wato ta Turai, sai a hankali, domin Turai sai a 2001 ta wajabta shi ga masu fetur, masu dizal kuma 2004. Wasu suna da soket ɗin amma ba sa amsawa.

Na'ura irin ELM327 mai araha, in ka haɗa ta da manhajar Torque ko Car Scanner, za ta faɗa maka dalilin kunnuwar fitilar inji, kamar lambar matsala P0300, wato inji na tsallake wuta. Amma matsalar birkin ABS ko jakar iska, yawanci ba ta gani. Jabu ma sun cika kasuwa, kuma a tsofaffin motoci suka fi ba da kunya.

Ta ƙaninka kuwa, Jeep daga wajajen 2018 suna da kariyar da ke barin ka karanta lamba, amma ta hana ka gogewa sai da na'ura mai rajista.

Kada ka bar na'urar a soke in za ka ajiye motar kwanaki, tana shan batir.